Nadamar Ƙarshe a Bakin Iyaka

A ƙasarmu ba a kai mamaci makwancinsa sai an yi shela guda. Idan an gama wanka, an sa likkafani, jama'a sun yi sahu, wani babba daga cikin dangi zai miƙe ya ce duk wanda ke bin marigayi bashi, ko ya ba shi ajiya, ko wata magana ta shiga tsakaninsu, ya nemi wane ɗan wane bayan an dawo daga maƙabarta. Sannan ya roƙi jama'a su yafe masa. Sai ka ji an amsa daga kowane gefe: "Mun yafe, Allah ya yafe mana baki ɗaya." Haka ake yi a Tozai, haka ake yi a Kalmalo da Araba da Gidan Hamma da cikin garin Illela, haka kuma 'yan'uwanmu na Birnin Ƙonni ke yi a tsallaken iyaka.

Duk wanda ya taɓa jinyar tsoho ya san abin da ake shelantawa a gaban gawa shi ne ya hana mai gawar barci a kwanakinsa na ƙarshe. Na tashi a gidan da ake yawan kiran mahaifinmu idan ciwo ya tsananta a unguwa. Tun ina yaro nake bin sa da fitila, har girma ya zo ni ma ake aiko mini. Abin da kunnena ya fi ji daga bakin masu shirin tafiya sunayen mutane ne: ƙanwar da ba a ba ta rabonta ba, ɗan'uwan da aka yi shekaru ba a gaisa, ɗiyar da aka aurar tana kuka, abokin fataucin da ya bar amana. Dattijon da ya yi shekara 60 yana lissafin damman gero da kawunan shanu, da ya kwanta sai lissafinsa ya koma kan haƙƙin mutane.

Wata mai jinya 'yar ƙasar Ostireliya, Bronnie Ware, ta daɗe tana kula da marasa lafiyar da kwanansu ya ƙarato, ta tattara abin da ta ji daga bakinsu a littafin da ta fitar a 2011. Abubuwa biyar ta ce sun fi maimaituwa: rayuwa a kan ra'ayin mutane, ƙarar da ƙarfi wajen aiki, ɓoye abin da ke rai, sakaci da abokai, da hana kai farin ciki. Mun haɗu da mutanenta a batun aiki da na abokai, amma mun rabu a wuri mai muhimmanci. Majinyacinta ya fi jin zafin abin da ya hana kansa, tsohon Tozai kuwa ya fi jin tsoron abin da ya hana wani. Ya sha ji a zauren karatu cewa Allah na yafe abin da ke tsakaninsa da bawansa idan ya so, amma haƙƙin ɗan Adam sai mai shi ya yafe. Ya kuma san labarin gawar da aka kawo wa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, bai yi mata salla ba saboda bashi, har sai da Abu Ƙatada ya ɗauki nauyin biya.

A zamanin da na buɗe ido, mutuwa ta fi samun mutum a ɗakinsa. Daga Illela zuwa Sakkwato kilomita 80 ne da ɗoriya, mota kuwa sai ranar kasuwa. Mai hali a kai shi asibitin Galmi da ke cikin Nijar, saura kuma sai jiƙo da rubutu da haƙuri. Wannan rashi ya ci rayukan da yau allura ɗaya ke zama sanadin tashinsu, kuma ba mai hankalin da zai yi fatan komawa can. Sai dai zamanin ya ba mai ciwo abu biyu da yanzu suke ƙaranci, wato lokaci da taro. Tsoho zai kwanta sati biyu ko wata guda. Labari ya bi bakin fatake da masu jakuna, 'ya'ya su baro inda suke, 'yan'uwa mata su taso daga gidajen aurensu da fura a ƙwarya. Idan ya ji jikinsa ya yi nauyi sai ya ce a kira liman da mai unguwa da wasu dattawa, a gabansu ya buɗe cikinsa:

"Malam, ku shaida. Gonar fadama jingina ce, in magada sun kawo kuɗi a ba su abinsu. Saniyar nan mai farin goshi ta ƙanwata ce, ita da abin da ta haifa. Akwai dami goma na wane a kaina tun shekarar fari."

Babu takarda, babu sa hannu, amma an ji, kuma abin da aka faɗa a gaban liman ba a musunsa. Daga nan sai neman gafara. Matansa su shigo ɗaya bayan ɗaya, sannan 'ya'ya, sannan maƙwabcin da suka daɗe suna jayayya kan iyakar gona. Kowa ya durƙusa ya ce, "Na yafe maka duniya da lahira, ni ma ka yafe mini." Sai an share wannan fage ake zama karatun Yasin, ana laƙƙana masa kalmar shahada. Mutum ya tafi da nadamarsa, amma ya samu ya sauke mafi yawanta kafin ya tafi.

Nadamar da na fi ji daga bakin maza ita ce ta shekarun da aka kwashe a waje. Damina ɗaya gare mu, wata uku zuwa huɗu, da an ɗaure gero an kai rumbu sai majiya ƙarfi su kama hanya. Tsohuwar al'ada ce. Ƙidayar da aka yi a ranin 1952 zuwa 1953 a mafitan lardin Sakkwato ta sami sama da mutum 250,000 suna gangarawa kudu, har da waɗanda suka tsallako daga ƙasar da Faransa ke mulka a lokacin. Kakanninmu sun yi fataucin goro a Gwanja da Kumasi, sun haƙi kuza a Jos, sun yi dako a Ikko da Sabon Ibadan. Ƙa'idar cin rani ita ce a dawo kafin ruwan shuka. Amma akan sami wanda ya ce bari ya ƙara shekara guda ya cika kuɗin raƙumi, shekara ta zama goma, ya yi aure can, ya hayayyafa can. Da gwamnatin Busia ta kori baƙi daga Gana a ƙarshen 1969, wasu sun dawo hannu rabbana, suka tarar iyaye sun rasu, 'ya'yan da suka bari a goye sun girma ba su san fuskar ubansu ba.

Wani kawuna yana cikin waɗannan. A ciwonsa na ƙarshe ya riƙe hannun babban ɗansa, wanda shi ma furfura ta fara fito masa, ya ce: "Ban ga tafiyarka ta fari ba, ban riƙe ka ranar kaciya ba, ba ni na kai ka gaban malam ba. Abin da na tafi nema ban zo da shi ba, kai kuma na rasa ƙuruciyarka. Ka yafe mini." Ɗan ya ce, "Baba, ba ka yi mini komai ba." Tsohon bai saki hannun ba sai da ya ji kalmar yafiya daga bakinsa.

Yau hanyar ta ƙara tsawo. Samarinmu suna kabu-kabu da gadi da turin ruwa a Legas da Abuja da Fatakwal. Wasu sun bi ta Agadas zuwa Libiya da Aljeriya, wasu sun nufi ramukan zinaren Jado tun da aka gano shi a 2014. Talauci ke korar su, ba wanda zai ga laifinsu. Wayar hannu da ta shigo a 2001 ta sa ana jin murya, ana turo kuɗin cefane. Amma tarbiyya sai da ido da hannu, kuma uban da ɗansa bai san shi ba sai ta waya yana tanadin irin maganar da kawuna ya yi.

Sai nadamar zumunci, wadda a wurinmu iyaka ta ƙara wa nauyi. Layin da ya raba mu da ƙasar Ƙonni, Ingila da Faransa ne suka shata shi a yarjejeniyoyinsu tsakanin 1898 da 1906. Kafin nan mutanen ɗaya ne. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo kansa a Maratta aka haife shi a 1754, wurin da yau ke cikin Nijar. Da wuya ka sami gida a nan da ba shi da gwaggo ko kaka ko suruki a can. Shekaru da yawa layin bai hana kowa komai ba, mace kan ɗauki ƙwaryarta ta tafi suna a wancan gefen ta kwana biyu ta dawo. Sai aka rufe iyaka a Afrilun 1984 lokacin canjin kuɗi, ba a buɗe ba sai Maris 1986, kuma rufewar ta zo daidai da farin da ya ƙone amfanin gona. Mutanen Nijar har yau suna kiran yunwar wannan shekara El-Buhari. An sake rufewa a Agustan 2019, Illela na cikin mashigai huɗu da aka fara buɗewa a Disamban 2020. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 a Yamai aka sake garƙamewa har zuwa Maris 2024.

Tsofaffin da suka ga yunwar 1984 suna ɗauke da wani ciwo nasu na daban. 'Yan'uwa sun riƙa biyo hanyoyin daji da dare suna neman tiya guda ta gero. Wani ya buɗe rumbunsa, wani ya ce babu alhali akwai, don yana duban bakunan 'ya'yansa. Wata tsohuwa a dangin mahaifiyata ta riƙe irin wannan a ranta shekaru masu yawa ba ta gaya wa kowa ba. Da ta kwanta sai ta kira babbar 'yarta ta ce: "Ɗiyar yayata ta zo mini da goyo, na ce mata hatsi ya ƙare. Akwai dami a rumbu. Tun ranar ban sake ganinta ba." Aka yi aike tsallaken iyaka da buhun gero da saƙon neman gafara. 'Ya'yan matar suka karɓa, suka ce sun yafe. Ita kuwa wadda aka yi wa laifin ta riga ta rasu tuntuni.

Duk da haka bai kamata mu ɗora wa iyaka komai ba. Rufewarta ta watanni ce ko 'yan shekaru, kuma ko a rufe take mutane ba su rasa hanyar zuwa jana'iza. Abin da ya fi yanke zumunci shi ne "sai wani satin", "sai bayan kaka", "sai na ɗan sami abin riƙewa a hannu". Magabata sun ce zumunta a ƙafa take. Yanzu da babur zai kai ka Ƙonni ka dawo a wuni guda, ziyara ta fi ƙaranci a kan lokacin da ake tafiya a kan jaki.

Mafi nauyin duka ita ce nadamar gado. Shari'a ba ta bar duhu a nan ba. Daga dukiyar mamaci a fitar da kayan jana'iza, a biya bashi, a zartar da wasiyya wadda ba ta wuce sulusi ba, sannan a raba saura kamar yadda Suratun Nisa'i ta tsara: ɗiya ta sami rabin rabon ɗa, matar da mijinta ya bar 'ya'ya ta sami tumuni. Amma al'adar gandu ta bar gona a hannun babban wa, da sunan kada gida ya watse. Akan ce wa mace, "Ke da ke gidan miji, me za ki yi da gona? In kin bukaci hatsi ki aiko." Kunya ta hana ta magana, ta yi shiru, aka ɗauki shirun a matsayin yarda. A lokacin da daji ke nan, wanda ya rasa gona ya nemi izinin mai gari ya sari sabuwa, abin bai cika fitowa fili ba. Yanzu daji ya ƙare, gidan mutum 10 ya koma na mutum 50, fadamar da ake noman albasa da rani ta yi daraja, filin bakin hanya ya zama kuɗi. Gonar da aka hana mace shekara 50 da suka wuce, ita ce jikokinta ke tsaye a kanta gaban alƙali yau.

Haƙƙin mutum kamar ƙaya ne a tafin ƙafa, muddin kana cikin zafin tafiya ba ka jin ta sosai, sai ka zauna take fara zugi. Na ga dattijon da ya tara 'ya'yansa yana kwance, ya ce a fitar da rabon ƙannensa mata biyu daga gonar tudu. Bayan rasuwarsa wasu daga cikin 'ya'yan suka ce zafin ciwo ne ya sa shi magana. Da ya yi rabon nan yana da ƙarfinsa, ya taka gonar da ƙafarsa ya kafa alama a gaban shaidu, da babu mai ja. Da ya bari sai a kan tabarma, maganarsa ta zama abin gardama, shari'a ta biyo baya, gida biyu da suka fito ciki ɗaya suka daina gaisawa.

Bashin kasuwa ma haka yake. A kasuwar dabbobi ta Illela an saba a sayar da sa ko raƙumi da baki kawai, dillali ne shaida, biya sai kasuwa mai zuwa. Ciniki kuma da kuɗi biyu ake yin sa, naira da sefa, kowanne yana hawa da sauka. An rage darajar sefa da rabi a Janairun 1994, naira kuwa ta sha faɗuwa. Wanda ya karɓi bashi shekara 30 da suka wuce ya yi ta ɗaga biya, ranar da ya ambace shi a kan shimfiɗar ciwo sai ya bar magada da mai bin bashi suna jayayya kan abin da ya kamata a biya, dillalin da ya shaida kuma ya daɗe a ƙasa.

Akwai kuma nadamar ilimi. Da aka fara shirin firamare kyauta ga kowa a 1976, iyaye da yawa a ƙasarmu sun ɓoye 'ya'yansu, wasu har cikin rumbu, don tsoron kada boko ya raba su da addini. Tsoron yana da tushe a abin da suka gani na zamanin Turawa. Amma waɗanda suka yi ɓoyon sun rayu sun ga yaran da aka bari suka shiga aji sun zama malamai da ma'aikatan lafiya, ba su kuma bar salla ba. Abin ya fi ciwo a kan 'ya'ya mata. Tsohuwar da aka kai asibiti ta rasa mace mai duba ta, da aka dawo da ita gida ta dubi 'yarta ta ce, "Da mun bar ki kin yi karatu, da yau ke ce a kaina." Kuma a ƙasar da Shehu ya soki malaman da ke barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci, ƙasar da Nana Asma'u, wadda ta rasu a 1864, ta kafa 'Yan Taru tana aika malamai mata da ake kira jaji ƙauye-ƙauye suna karantar da mata, ba mu da uzurin da za mu kawo. Na kuma ji tsofaffin mata da dama suna kukan za su bar duniya ba su iya buɗe Alƙur'ani su karanta da kansu ba. Haka nan uban da ya tura yaro ɗan shekara shida almajiranci gari mai nisa, bai bi sawunsa ba har labarinsa ya yanke, sunan yaron nan ne ke bakinsa a ƙarshe.

Mata suna da nasu nauyin da ba su cika faɗa a gaban maza ba. Ɗan kishiyar da aka rage wa tuwo, 'yar riƙon da aka ɗora wa aikin da ba a ɗora wa 'yar ciki, ɗiyar da ta kawo ƙarar gidan miji aka ce ta koma ta yi haƙuri ba tare da an saurare ta ba. Sau da yawa ɗan kishiyar nan shi ke sayen magani a ƙarshe, kuma alherinsa ya fi kowane faɗa sa tsohuwa hawaye.

Wata ɓarakar kuma zamani ne ya kawo ta. Bayan kafa ƙungiyar Izala a Jos a 1978, saɓani tsakanin mabiyanta da 'yan ɗariƙa ya shiga gidaje. Wa da ƙane suka raba masallaci, wani ya daina cin yankan wani, wani ya ƙi zuwa sunan ɗan ɗan'uwansa. Siyasar 1979 da 1983, zamanin NPN da GNPP, ta yi irin wannan aiki, ta yau ma ba ta fasa ba. Na zauna da tsofaffi daga kowane ɓangare. Ba wanda ya bar fahimtarsa a kan shimfiɗar ciwo, amma da yawa sun ce da sun riƙe fahimtar ba tare da sun saki ɗan'uwa ba. 'Yan takarar da aka yi gaba dominsu sun shirya da juna tun da daɗewa, gabar ta rage a tsakanin talakawa.

Duk waɗannan tsofaffin da na ambata sun yi dace da abu guda: sun sami lokacin magana. Babban canjin da ya same mu shi ne wannan lokacin yana ƙwacewa. Mutuwa yanzu tana yawan samun mutum a kan hanyar Sakkwato cikin mota, ko a cikin sahara, ko a gadon asibiti tsakanin baƙi da ɗa guda a gefensa. A turmutsitsin Mina na 24 ga Satumban 2015 jihar Sakkwato ta rasa alhazai da dama, har da mutanen ƙasar Illela, waɗanda suka bar gida lafiya lau. A Nuwamban 2021 'yan bindiga sun afka wa ƙauyukan Illela da Goronyo suka kashe mutane masu yawa. A Nuwamban 2024 rundunar soja ta fito ta yi bayani kan 'yan bindigar Lakurawa da ke yawo a dazukan iyakar Sakkwato da Kebbi. Wanda aka tare a gona ba ya samun kiran liman. Kuma ba tsofaffi kaɗai ke tafiya ba, magidanta ne masu shekara 30 da 40, waɗanda ke ganin gyara yana gaba.

Dukiyar ma ta sake kama. Da, abin mutum a fili yake: rumbu, garke, gona, kowa a unguwa ya san na wane ne. Yanzu kuɗin mutum na cikin asusun banki, lissafin bashinsa na cikin waya mai kulle, abokin cinikinsa na Legas ko Tawa, matarsa ba ta san ko sunansa ba. Ya faɗi rana ɗaya, a yi shela a gaban gawa, amma mai haƙƙin yana nesa bai ji ba, magada kuma ba su san inda za su neme shi ba. Amanar marayu da kuɗin adashi da jarin wani sukan nutse a haka, ba don mamacin ya yi niyyar ci ba.

Zamanin bai zo da hasara kaɗai ba. Yau da wuya ka sami gidan da babu mai iya rubutu, da boko ko da ajami. Waya na ɗaukar murya, tana kai saƙon neman gafara Kumasi ko Tarabulus cikin minti guda. Makarantun Islamiyya na matan aure sun sa mata sun san rabonsu, suna kuma tambayarsa ba tare da jin sun yi rashin kunya ba. Kayan gyara sun fi na da yawa. Abin da ya rage shi ne mu daina jingina gyaran da ciwon ajali. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, a Suratul Baƙara, kan rubuta bashi da kafa shaidu ta sauka. Hadisin Abdullahi ɗan Umar ya yi horo da kada mai abin yin wasiyya ya kwana biyu ba tare da ita a rubuce ba. Amma har yau in ka ce wa magidanci ya rubuta wasiyya sai ya ce kana yi masa fatan mutuwa. Rubutu ba ya matso da ajali, rashinsa kuma ba ya nisanta shi.

Ina roƙon limamanmu na Tozai da kewaye su riƙa ware huɗuba kan wannan, musamman bayan kaka, kafin samari su kama hanyar cin rani. Ina roƙon masu unguwanni da dagatai su tsaya a raba gado da wuri, a fitar da rabon mata a gaban shaidu, a rubuta, kowa ya riƙe takardarsa. Kai kuma mai karatu, in akwai gonar ƙanwarka a hannunka, ka kira ta ku taka iyakarta tun kana iya tafiya. In akwai bashi a kanka, ka biya, in ba hali ka rubuta ka gaya wa iyalinka. In akwai ɗan'uwan da kuka daina magana, a nan ko a tsallaken iyaka, ka je ka yi masa sallama a wannan makon. Ka sa 'yarka makaranta, ka nemi labarin ɗanka da ke hannun malam. Allah ya ba mu ikon sauke haƙƙin mutane da ƙafafunmu, ya jiƙan magabatanmu, ya sa mu cika da imani.